Lallen Inna a Jikin Farin Zane

Ɗis, ɗis, ɗis. Ƙarar ruwa ke nan yana ɗiga ta tsohon kallabin Inna zuwa cikin randa, kuma da ita na buɗe ido a gidanmu na Gure. Bana shekara hamsin da rasuwar Baba, Allah ya haskaka kabarinsa, amma har yau in na ji ɗigar ruwa shi nake tunawa.

Likita ne, a shekarun 1930. Yana da ɗan akwatin ɗaukar silima da ake juya wa hannu, da shi yake ɗaukar aikin magani don koya wa mutane. Ciwon da ya tsaya masa a rai kurkunu ne, tsutsar nan da ke fasa ƙafa ta kwantar da manomi tsakar damina. Ya yi ta cewa a tace ruwan tabki. Mata suka ƙi, kuma suna da hujja: ka tace ruwan da maƙwabciya ta miƙo maka, ai ka ce mata ƙazama ke nan.

Sai Inna ta sha ruwa a gidan suna a Gidigir, don kunya, ba ta tace ba. Da shekara ta zagayo kurkunu ya fito mata. Baba ya roƙe ta ya ɗauki hoton ƙafar da akwatinsa.

"Malam, ƙafata gaban gari?" ta ce.

"Ƙafar kaɗai. Wa zai gane?"

Ranar nunawa, bayan la'asar, aka toshe ƙofar zaure da tabarma, aka rataya farin zane. Ina zaune jikin Inna. Ƙafa ta fito a jikin zanen, da lallenta, ana naɗe tsutsar a tsinke. Sai Ya Falmata, mai yi wa matan unguwa lalle, ta buga ƙirji.

"La ilaha! Wannan ai lallen hannuna ne! Matar likita, ke ce?"

Inna ta ɗago kai.

"Ni ce, Yaya. Ruwan kunya na sha."

Ba wadda ta yi dariya. Ya Falmata ta kwance kallabinta ta ce, "To, nuna mini yadda ake ɗaurawa a bakin randa." Daga baya a unguwarmu, a tace ruwa gaban baƙo ya zama karramawa.

Finafinan sun narke da zafin ɗaki tun ina lakwal, wato makarantar boko, ko ɗaya bai saura ba. Da Baba zai ga yau, kowane yaro da silima a tafin hannu, na san zai tambaya: me kuke nuna wa juna?

Ni dai na samu amsata. Shekaranjiya ina ba tattaɓa-kunnena Zara wannan labari, ta saurara har ƙarshe, ta shafa ƙafarta sumul, ta ce:

"Kaka, wai mene ne kurkunu?"