Kurwar Sale a Rumbun Gwaggo

Bacirawa

Ana kiran assalatu na bar gida, a shekarar nan da man fetur ya yi wuya, gero kuma ya fi shi. Saƙo ne ya zo daga ƙauyenmu, can bayan Minjibir: wai ƙanwar babana, Gwaggo Tabawa, mayya ce, ta kama kurwar maƙwabcinta Sale, yana kwance yana ta kiran sunanta. An ba ta zaɓi, ko ta tsallake shi a gaban jama'a ta sake shi, ko ta bar garin. Tsohuwa ce, ba miji ba ɗa, in aka kore ta ba ta da inda za ta sa haƙarƙarinta. Na ɗaure ɗankwali tamau, na ce yau sai sun san tana da dangi.

A mota

Sai da rana ta fito muka tashi, don direba ya tafi neman mai wajen 'yan bumburutu. Ni kuwa bakina bai iya ajiya ba, kafin mu wuce shingen farko kowa ya san abin da zai kai ni. Wani malamin makaranta mai tabarau ya waiwayo.

"Hajiya, ai ba mu kaɗai ba ne. Mutanen Girka na dā ma suna da labarin matsafa mata. Akwai wata a wani tsibiri, in matafiya suka sauka gidanta sai ta ba su abinci, ta taɓa su da sanda, su zama aladu."

"A'uzubillahi!" in ji wata tsohuwa a baya.

Direba ya ce, "Aladu? Ba ta san ciwon kanta ba. A wannan marra da raguna take mayar da su, da tuni na kai mata kwandastana."

"Wata kuma," in ji malamin, "keken da macizai ke ja take hawa, ta tashi sama."

"Ita dai ba ruwanta da layin mai," in ji direba.

Na yi dariya har da hawaye, amma hankalina na wajen Gwaggo.

Minjibir

Na karya da koko da ƙosai, ƙosan kowanne kamar ƙwallon dabino. Masu acaɓa duk sun jingine babura, sai wani mai amalanken shanu ya rage min hanya. Da na faɗi gidan da za ni, ya ɗan matsa gefe, bai ƙara tanka min ba.

Ƙauye

Na tarar gari ya taru a ƙofar mai unguwa. Sale na shimfiɗe a tabarma, ƙato guda, yana nishi. Gwaggo na zaune gefe tana cin goronta. Na buɗe baki zan fara tijara, ta ce, "Ke Hajara, zauna, kin sha hanya."

Ta dubi mai unguwa. "Ranka ya daɗe, zan tsallake shi. Amma tun girbi ciwon ƙafa bai bar ni na fita ko zaure ba sai yau. In na kama kurwarsa, to ita ta zo har gida ta same ni. A tambaye shi me ta zo yi."

Sale ya ƙara ƙarfin nishi. Gwaggo ta miƙe tana kakkaɓe zani. "To a bar shi da ni, ba sauri nake ba."

"Rumbu!" Sale ya yi ihu. "Rumbunta na shiga, Baba mai unguwa! Damin gero na ɗauka, sai na ga idanu suna kallona a ciki!"

Magen Gwaggo ce, wadda ta haihu a rumbun. Tsoro ne ya sa masa zazzaɓi. Aka fashe da dariya, matarsa ta rufe fuska da mayafi. Na ce shi ke nan, Gwaggo ta wanku. Sai kawai na ga ta tattare zani, ta ɗaga ƙafar da ake cewa tana ciwo, ta tsallake shi. Sale ya yi zumbur ya tashi, wai ya ji sauƙi. Dariya ta tsaya cak.

A gida na ce, "Haba Gwaggo! Allah Ya wanke ki, kin je kin amsa sunan da kanki?"

"Ke yarinya ce. Da yunwar nan, in suka tabbata ni ba komai ba ce, wa zai tsare min rumbu? Ke daga Bacirawa?"

Ta tuƙa tuwon gero da miyar kuka. Ina ci tana kallona, ita ko loma ba ta kai ba. Na ce lafiya? Ta ce, "Ci abinki. Rabon da wani ya sa hannu a kwanona tun rasuwar mijina." Tausayinta ya kama ni, na ƙara tuwo ba don ina jin yunwa ba.

Komowa

Washegari na kamo hanya da ƙunshin ƙuli-ƙulinta, na iso gida bayan la'asar, yara suka yi masa wasoso. Na gode Allah da Ya kai ni Ya dawo da ni lafiya. Gwaggo na nan a gidanta. Rumbunta ba mai taɓawa, ƙofarta ma ba mai sallama.