Masu Ci a Bakin Ƙofa

Ni ba mai son tarihi ba ce. A sakandare, nan Greensboro, can baya nake zama a ajin ina jiran a tashi. Abin da na sani game da gidajen zuhudu na Ingila a wurin aiki na tsince shi, kuma ba don na nema ba.

Lokacin ina kula da wata tsohuwar Baturiya a Summerfield. Haifaffiyar Ingila ce, aure ya kawo ta Amurka tun da ƙuruciyarta. Kunnenta ya yi nauyi, talabijin kullum a ƙure, kuma ba ta kallon komai sai shirye-shiryen tsofaffin kangaye. Wata rana ina yanke mata farce aka nuno wani makeken ginin dutse, babu rufi, ciyawa ta cika inda mutane suka taɓa ibada. Na ce yaƙi aka yi? Ta ce a'a, sarki ne. Ya ɓata da Fafaroma, sai ya rufe gidajen 'yan zuhudu, wato Kiristocin da suka bar aure da dukiya suka tare wuri ɗaya don bauta. Ya ƙwace gonakinsu ya sayar wa manya, aka ɓamɓare darmar rufin, aka narkar da ƙararrawa.

"Su kuma masu ibadar fa?" na ce.

Ta ce da yawansu an ba su fansho, ba su ne suka fi shan wuya ba. A bakin ƙofar gidajen ana raba abinci, matafiyi yana samun wurin kwana, tsoho da mara lafiya suna samun mai duba su. Da aka rufe, waɗannan ba wanda ya yi musu tanadi. Na tambaye ta ina suka nufa. Ta taɓe baki ta ce titi suka shiga, kuma in kula kar in yanke mata nama.

Da wani lokaci ne, kafin in kai mota na manta. Amma a watan ne muka tashi daga ƙaramin masallacinmu na East Greensboro.

Shago ne aka mayar masallaci, tsakanin wurin wanki da mai aski. Matsattse, bayan gida ɗaya, ranar Juma'a maƙwabta na ƙorafin motoci. Ni ce kan gaba wajen kushe shi. Da jama'a suka samu fili a McLeansville suka yi gini mai faɗi, da wurin mata na gaske, da fakin, na fi kowa murna. Har yau ban ce an yi kuskure ba. Mu ba sarki ne ya kore mu ba, da ƙafarmu muka tashi, da addu'a da walima.

Sai dai a tsohon wurin akwai wata al'ada da ba kwamiti ya tsara ta ba. Duk matar da girkinta ya yi yawa takan zuba a babban tire ta aika bayan magariba. A ajiye a ƙasa, maza su wanke hannu su kewaye shi. Mai tasi, malamin jami'a, wanda ya sauka jiya daga Yamai ba ko sisi a aljihunsa, duk hannunsu a tire ɗaya. Ba a gane wa ya zo don salla, wa ya zo don yunwa.

Cikin masu zaman akwai wani dattijo mutumin Damagaram, Baba kawai muke ce masa. Ɗansa direban tirela ne, sai ya yi makonni a hanya, matar ɗan kuma tana Nijar ana jiran takardunta. Baba ba ya tuƙi, ba ya Turanci, ba ya girki. Da ƙafa yake zuwa kafin azahar, ya share, ya dafa shayi, sai bayan isha'i ya koma. Ban taɓa jin an ce Baba a masallaci yake ci ba. Cewa ake yi shi ke riƙe da masallacin.

Sabon wurin bas ba ya zuwa. Kwamiti kuma ya hana cin abinci a kan kafet, don sabo ne. In an kawo sadaka, a kwalin tekawe ake zubawa, kowa ya ɗauki nasa ya nufi mota.

Mama ce ta fara tunawa da shi. Ta zuba tuwo da miyar kuka a kula ta ce in miƙa masa kafin in wuce aiki. Ya buɗe ƙofa, muka gaisa har na ƙosa, sannan ya dubi kular.

"Ɗiyata, wa ya ce ma Hajiya ba ni da lahiya?"

"Ba wanda ya ce, Baba. Abinci ne kawai."

"To, mersi, na gode. Ki ce mata na ƙoshi. Yaron ya cika min gida kahin ya tahi."

Daga inda nake tsaye ina hango teburin kicin, burodi ne da gwangwanin madara. Na ce, "Baba, don Allah ka karɓa, na makara." Ya karɓa don kar ya kunyata ni. Da na koma ɗaukar kula, ya wanke ta tas. A matakala maƙwabciyarsa, wata Ba'amurkiya, ta tare ni ta ce in gaya wa mahaifiyata miyar ta yi daɗi, me ake sa mata take yauƙi haka?

Na koma gida ina faɗa. Na ce wannan ai girman kai ne, mutum na jin yunwa yana rabar da tuwo. Abbana ya bari na gama tukuna. Ya ce, "A tire shi ne mai masauki, shi ke ce wa mutane bismillah. Kula kuwa shi kaɗai aka nufa da ita."

Daga nan Abba ya riƙa ɗaukar tire da kansa, shi da wani abokinsa, wai sun je shan shayi. Duk ranar da suka je, Baba yakan ci sosai, har ya yi musu tsiyar cewa Kanawa ruwan zafi suke sha suna kiransa shayi. Sai aka mayar da Abba aikin yamma a kamfani, abokin kuma ya koma wata jiha. Wasu suka ce za su ci gaba, ba su daɗe ba. Ba mugunta ba ce. A da hanya ce ke biyowa da kowa ta wurin, yanzu sai mutum ya tashi takanas. A lokacin na riƙa tuna mutanen bakin ƙofar nan na Ingila. Ina jin su ma sun samu masu tausaya musu ɗai-ɗai na ɗan lokaci. Ko ba komai suna da wanda za su zarga. Baba ba shi da kowa sai mu, mu kuwa duk masu gaishe shi ne da ladabi.

Wata Juma'a aka ce in mayar da shi gida daga sabon masallaci. Ya zauna a baya, kwalin tekawe a cinyarsa bai buɗe ba, rigarsa ta yi masa yawa a kafaɗa. Ya ce gini ya yi kyau, Allah ya saka wa waɗanda suka yi.

Da ɗansa ya dawo, Baba ya ce a saya masa tikitin gida. Ɗan ya zo wurin Abba yana roƙon a ba shi baki, don likitansa da maganin hawan jininsa duk a nan suke. Abba ya je ya daɗe. Da ya dawo Mama ta ce yaya kuka yi?

"Ya ce a can ko ba magani, ba zai ci shi kaɗai ba."

Baba ya koma Nijar kafin azumi.