Kitson Rahinatu a Ƙofar Makaranta

Mu huɗu ne a zaure da asubahin nan: ni, da jikata Rahinatu, da kawunta Awudu, da maƙwabciyata Mma Fati da ta kawo mana kwalbar shito, soyayyen yaji na guzuri. Na'urar gwamnati ce ta zaɓa wa yarinyar makarantar kwana can bayan Ejura. Ba wanda ya tambaye ni.

Zango zuwa Tafo

Ƙarfe biyar da kwata muka shiga tasi. Akwatin ƙarfe, akwatin katako na gari da sukari, katifa, bokiti, tsintsiya biyu, har da adda. Ni ban yi boko ba, Awudu ne ya karanta mini takardar kayan, layi-layi na saya. Jajibirin tafiya na zauna na yi mata shuku ƙanana, waɗanda za su kai ta wata guda. Tun rasuwar uwarta hannuna kaɗai ke taɓa kan nan, kuma a tsohuwar makarantarta ta Aboabo hijabi ya rufe, ba mai magana.

Tafo zuwa Ejura

Shida da rabi motar trotro ta cika. Direba ya dubi kayan ya ce, "Hajiya, ƙaura kuke yi?" Na ce ya ɗaure katifa ya bar surutu. 'Yan sanda suka tsayar da mu a Agona. A hawan Mampong motar ta yi ta nishi. Tara da rabi muka sauka Ejura, muka sha koko da ƙosai. Rahinatu ba ta ci ba, Awudu kuma sai kauce wa idona yake.

Ƙofar makaranta

Layi har titi. Wasu ɗalibai na saran ciyawa a rana, aka kaɗa ƙararrawa suka zubar da adduna suka ruga da kwanoni. Malamar ɗakin kwana ta bincika akwati, sannan ta ɗaga hijabin Rahinatu. Da yaren Twi ta ce, "Maame, sai an aske. Haka dokar take ko'ina." Ta nuna wanzami a gindin mangwaro, gashin 'ya'yan mutane tuli a ƙasa.

Na juya wajen Awudu. "Askin yana cikin takardar?"

"Yana ciki, Mma. Da na karanta miki, da ba ki bar ta ta zo ba."

Na ce a ɗauko akwati mu koma. Malamar ta ce in ba ta yi rajista ba, akwai masu jiran gurbin. Rahinatu ta riƙe bakin mayafina. "Kaka, gashi zai fito. Ke fa har yau sai an karanta miki."

Na ce a ajiye akwatin. Wanzami dai ban yarda ba. Na ari almakashinsa, na zaunar da ita tsakanin ƙafafuna kamar kullum, na tsefe kitson jiya ɗaya bayan ɗaya, na yanke da hannuna. Na ƙulle gashin a gefen zane. Aka rubuta sunanta, ta ɗora katifa a ka ta shige.

Komawa

Ni da Awudu muka hawo motar Tafo. Ana kiran magariba muka shiga gida. Na gode wa Allah da ya dawo da mu lafiya, na gode wa Mma Fati da ta ajiye mini tuwo.

Washegari bayan sallah na tona rami a bayan ɗakina na binne gashin. Tsinken kitso da matajin kuwa na kai wa Mma Fati, tana da jikoki ƙanana.