Shirun Da Na Ƙi Yankewa

Shekara tara ina tace fim a Kano kafin in zo Riyadh, amma igamata, takardar izinin zamana, ba ta san da wannan ba. Lebura aka rubuta a ciki. Kwana shida a mako ina loda kwalaye a wani sito a Sulay, ranar Juma'a kuma in buɗe tsohuwar kwamfutata, don na rantse hannuna ba zai manta sana'arsa ba.

Malamina a aikin nan bai san ina duniya ba. Wani Bature ne ɗan Italiya da ke tace finafinan kaboyi, waɗanda na yi ta maimaitawa a kaset har ya tsinke. A wurinsa na koyi cewa idan mutum ya yi shiru, ba a gaggawar yanke fuskarsa.

Akwai wani dattijo magini a ɗakinmu, mutumin Gumel, muna ce masa Baba. Za a aurar da 'yarsa ta fari, kafil, wato ubangidansa, kuma ya hana shi hutu. Sai ya ce in ɗauke shi a waya yana mata nasiha, a nuna ranar buɗar kai. Ya sha farar shadda, ya zauna bakin gado, ya yi gaisuwa har da ta kajin gida. Da ya zo inda zai kira ta, sai ya tsaya. 'Yar fari ce, tunda aka haife ta bai taɓa faɗin sunanta ba. Bakinsa ya motsa, ya sunkuyar da kai, ya ɗago. Daƙiƙa goma sha ɗaya cur. Sannan ya ce, "Ke yarinya, ki yi haƙuri da zaman aure."

Da na nuna masa, ya ɓata rai.

"Yanke nan wurin. Kalas, shi ke nan. Kada a ce tsoho ya rasa ta cewa."

"Baba, duk sauran wa'azi ne, ko a rediyo za ta ji. Nan ne kaɗai ka yi mata magana."

"Ni da bakina kake gaya mini inda na yi magana?"

Ina da taurin kai, ban musa ba, shi ya raba ni da daraktoci biyu a Kano. Na yanke gaisuwar kajin, na yanke tari, na yanke ƙarar injin maƙwabta, amma shirun nan na ce sai dai ya nemi wani. Kwana uku ko shayi ba ya miƙo mini. Raina bai so ba, don ina ƙaunar tsohon. Ana jibi biki ya tsaya a kaina, yana kallon bango.

"Yalla, tura. Kai ka san aikinka."

Bayan biki ƙanensa ya turo hoton bidiyon da ya ɗauka a tsakar gida, muka kalla tare. Mata sun cika tabarma, amarya a lulluɓe, Baba na magana a talabijin. Aka zo wurin. Bakinsa ya motsa, gidan ya yi tsit. Sai amarya ta ɗaga mayafi, ta dubi fuskar ubanta.

"Na'am, Baba," in ji ta.