Maƙwabciyata ta Zama Bakina

Ni dai Allah Ya yi ni da murya. Malamar firamare ce ni a Kuje, ajina cike maƙil, kuma ban taɓa neman bulala ba, tsawa ɗaya ta isa. A gida ma ba na aike, ta katanga nake kwaɗa wa mutum kira.

Sai muryar ta fara dishewa. Na sha citta da zuma har na gaji, abin sai gaba yake. Likitan makogwaro ya leƙa da na'urarsa, ya ce kanta ce ta fito a igiyoyin muryata, irin wadda fartanya ke bar wa manomi a hannu. Ko in kama bakina na 'yan makonni, ko a yi tiyata, kuma in na ci gaba da ihu in manta da aji. Har raɗa ya hana. Na tsorata ƙwarai, domin ban iya wata sana'a ba.

Abin da likita bai lissafa ba shi ne dubiya. Labari na bazuwa, gida ya cika. Kowa ya shigo sai "Ya jiki?", wa kuma zai ƙi amsa gaisuwa? In ce da sauƙi, a tambayi maigida, a tambayi yara, a sake komawa kan jiki. Masu ƙaunata ne suka kusa kai ni ɗakin tiyata.

Maƙwabciyata ce ta cece ni, wata dattijuwa Bagwariya mai sayar da doya. Ta jawo kujera ta dasa a bakin ƙofata.

"Malama, rufe baki. Ni ne bakinka yanzu."

Duk wanda ya ce ya jiki, sai ta ce, "Ya gode, yana samun sauƙi. Yara lafiya, oga lafiya. Ajiye lemo, sai an jima." Surukata ta bugo waya daga Zariya, dattijuwar ce ta ɗauka, suka yi ta hira har kati ya ƙare. Ni kuwa ina kwance ina danne dariya, don ita ma ban tabbata an yarda mini ba.

Da na koma asibiti, likita ya ce kantar ta lafa, babu tiyata, sai dai in koyi magana a hankali. Na iso gida farin ciki kamar ya kashe ni. Har na ja numfashi zan ƙwala mata kira ta katanga, sai na fasa. Na zagaya na same ta tana jera doya, na durƙusa, na ce a hankali, "Mama, na warke. Allah Ya saka da alheri."

Ta saki doyar ta zuba mini ido.

"Kai, Malama! Shekara da shekaru ina jin ihunka. Ashe haka muryanka yake da daɗi?"