Kawu Falalu, Mai Tura Ƙyaure

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Laraba, tara ga watan Rajab, shekara goma bayan zuwan Nasara, Allah Ya karɓi ran kawuna Falalu, mai gadin unguwarmu ta Yalwawa a Dutse.

Kawu, tun ina yarinya kake wannan gadi. Babu wanda ya naɗa ka. Dattawan unguwa ne suka roƙe ka, ladanka damin dawa idan kaka ta yi. Ba ka riƙe fitila, kana cewa haske ɓarawo yake yi wa aiki. Gida-gida kake bi kana tura ƙyaure, wanda ka samu a buɗe ka tashi mai shi.

Da mijina ya rasu, sau da yawa nakan manta ban sa sakata ba. Sai in ji muryarka daga zaure: "Safiyatu, ke da kura kuka yi alkawari ne? Tashi ki rufe!" Shekarar yunwa ka tarar da wani a bakin rumbun liman yana ɗibar hatsi. Ka kai shi gidanka, matarka Inna Gaji ta dama masa kunu, har ka koma ga Allah ba ka faɗi sunansa ba.

Bana aka kawo mana sababbin 'yan sintiri daga wata ƙasa, da riguna iri ɗaya da kulake. Ba su san kowa ba, ba su tambayi kowa ba. Suka ga tsoho cikin duhu yana tura ƙofar mutane, suka rufe ka da duka. A daren nan ni ba na gari, ina Kiyawa gidan da aka yi haihuwa. An ce ka yi ta kiran maƙwabta da sunayensu, babu wanda ya fito. Da safe aka zagaya da kai kasuwa da igiya a ƙugu, ana cewa an kama ɓarawo. Tun da ka koma gida ka kwanta, ba ka ƙara tashi ba.

Dukan bai ƙona min rai kamar shirun ba. Waɗanda suka ji ka suka yi lamo, su ne a sahun gaba wajen jana'iza.

Allah Ya jiƙan ka, Ya haskaka kabarinka, Ya bi maka hakkinka. Inna Gaji, Allah Ya ba ki haƙuri. Uwaisu da Adama, 'ya'yan Kawu, na ji abin da yara ke kiranku a bakin rijiya. Ku ɗaga kanku. Ubanku bai taɓa ɗaukar ko allurar wani ba, zan faɗa a gaban kowa, zan kuma faɗa a gaban Allah.