Tsargiyar Yayana da Ƙasusuwan Manoman Masar

A Kwalkwalawa, lokacin muna yara, yaron da fitsarinsa bai yi ja ba bai shiga sahun maza ba. Mukan jera a bakin gulbi bayan wanka, kowa yana leƙen na ɗan'uwansa, wanda nasa ya fito fari a yi masa dariya a ce har yanzu jariri ne. Ranar da nawa ya fara ja na ruga na nuna wa yayana, wanda nake bi, ya dafa kaina ya ce to yanzu na fara zama mutum. Tsargiya ake kiranta, amma ba wanda ya lissafa ta cikin cututtuka. Manya na cewa alamar balaga ce, wasu su ce zafin rana ne.

Shi yayana fadama ta riƙe shi, ya gaji gonar shinkafar mahaifinmu, ni kuma boko ya ja ni har jami'ar da ke maƙwabtaka da ƙauyenmu. A can, a darasin ƙwayoyin cuta, malami ya ce kowa ya kawo fitsarinsa mu gwada amfani da madubin likita. Na ɗiga nawa na leƙa, sai ga ƙwan tsutsar tsargiya zube, kowanne da ɗan tsini a gindinsa kamar ƙaya. Malamin ya kira sauran ɗalibai su zo su gani don nawa ya fi na kowa kyau. Na ji kunya kamar in nutse. Aka ba ni ƙwayoyin magani na haɗiya, jan da nake taƙama da shi tun ina yaro ya ɗauke.

Bayan nan ne na ci karo da wani hoto a ɗakin karatu: irin wannan ƙwan, da tsininsa, amma an ciro shi daga ƙodar wata gawa ta mutanen Masar na dā, irin waɗanda ake busarwa a naɗe da ƙyalle. Mutumin ya mutu shekaru dubbai da suka wuce, ga shi da ciwona. Tun daga ranar ban sake samun sukuni ba sai da na kai kaina Masar karatu. Ban je don sarakuna da zinariyarsu ba. Ƙasusuwan talakawa na zauna da su, manoman bakin kogi da aka binne cikin rairayi. Na koyi gane shekarun mutum daga ƙashin ƙugunsa da haƙoransa, da gane aikin da ya ci shi daga gwiwarsa da gadon bayansa. Da na dawo na samu aikin koyarwa a jami'ar tamu, na kama gida a unguwar Arkilla cikin birni, mutanen ƙauyenmu kuma suka raɗa mini suna likitan matattu.

Yayana ne ya fi kowa jin daɗin sunan. Duk ranar da na sauka daga keke a ƙofar gidansa sai ya tarbe ni da, "Likita, ya majinyata? Sun samu sauƙi?"

Ina dariya, amma idona na kansa. Ya rame. Muna zaune a zaure sai ya tashi zagayawa, ya dawo yana cije leɓe, kafin a jima ya sake tashi. Matarsa ce ta faɗa wa matata cewa yanzu fitsarin nasa ba ja kawai ba ne, har gudajin jini ke fita. Na san abin da tsargiya ke yi wa mafitsara idan ta shekara da shekaru ba magani, kuma na san inda takan kai mutum. Na yi masa maganar asibiti ya share. Na sake yi, ya ce in bari a gama dashe. Aka gama dashe ya ce a bari a yanke. Raina ya ɓaci ƙwarai, na ɗaura aniyar sai na kai shi ko da a ɗaure ne.

Sai na yi dabarar da nake ganin babu kamarta. Gani ya kori ji, in ji masu magana. Wata Juma'a bayan an sauko masallaci na zo da kwamfutata, na zaunar da shi, na buɗe masa hotuna. Na nuna masa gawar, na nuna masa ƙwan da aka samu a cikinta, na nuna masa irin wanda aka samu a jikina. Na yi masa bayanin katantanwar da ke cikin ruwan fadama, da yadda tsutsar ke fita daga jikinta ta huda fatar mai dashe. Ya kalla da kyau, har yana matso da fuska.

"Wanga mutum, cikin mutanen Hir'auna shike?"

Na ce e, ko ma kafin Fir'aunan da ya sani.

"Su na sunka gina dalar nan da aka nunawa ga talabijin?"

Na ce irinsu ne.

Ya jingina da bango yana murmushi. "To ka gani. Mutanen da ad da tsargiya sun ɗauki duwatsu sun gina abin da har yau ba a rushe ba. Ashe gadon maza ta tun hil azal. Kai da bakinka ka hwaɗi. Mi za ni nema asibiti?"

Reshe ya juye da mujiya. Shekarun da na kwashe ina karatu, ga shi na zo da hannuna na ƙara masa hujja. Na rufe kwamfutar da ƙarfi har sai da ya ce in yi a hankali kada in fasa matattuna. Na tafi ko sallama ban yi ba, ina tafe a keke ina zagin kaina da shi baki ɗaya.

Fushin bai hana ni komawa ba. Duk mako sai na je. Na daina zuwa da kwamfuta, sai in same shi a fadama in naɗe wando in tsaya kan kunya, nesa da ruwa, yana yi mini dariya wai ɗan boko na tsoron katantanwa. Wata rana yana wanke ƙafa, ba tare da ya dube ni ba ya tambaya, "Waɗanga manoman naka, tsohi na?"

Na faɗa masa gaskiya. Na ce da yawa daga waɗanda na auna ƙasusuwansu ba su kai ga furfura ba. Gwiwa ta cinye, baya ya lanƙwashe, amma ƙugu na nuna mutum bai tsufa ba. Ban ce tsargiya ce ta kashe su duka ba, don ƙashi ba ya faɗin haka, kuma ban iya yi masa ƙarya ko don in ci nasara. Na ce dala dai tana nan tsaye, su kuwa sun bar 'ya'ya ƙanana.

Ya ci gaba da murza ƙafa. Can ya ce, "Ba allura nika tsoro ba. Kai nika tsoro."

Na ce ni kuma?

"Kai da irinka. Mutum ya mutu shekara dubu, kun hana shi kwanci. Kun buɗe cikinai, kun ɗauki hoto, ga shi har Kwalkwalawa ana kallo. In na mutu hannunku, wa ya san abin da za ku yi da ni?"

Maganar ta soke ni. Na so in yi masa bayanin yadda muke rufe ƙashi da ladabi, da dokokin da ke kan aikin, sai na ga ba wannan yake tambaya ba. Na ce, "Yaya, in Allah ya ɗauke ka kahin ni, ni za ni yi maka wanka da hannuna. Ba mai taɓa ka da wuƙa, ba mai ɗaukar hoto, kuma ba ka kwana bisa ƙasa. Na yi maka alkawari." Ya saɓa fartanyarsa muka hau gida.

Ranar Litinin ina ofis, ɗalibai na jira a ƙofa, sai ga shi da babbar rigarsa ta Juma'a, riƙe da buhun shinkafa da aka naɗe. Bai taɓa taka cikin jami'ar ba sai ranar, duk da gonarsa na kallon katangarta. Ya ajiye buhun kan teburina ya warware. Kwalabe ne na maganin tari da aka wanke, kowace an ɗaure mata zare mai launi dabam a wuya don kada su rikice. Fitsari ne, nasa da na 'ya'yansa maza duka. Babu fara ko ɗaya a ciki.

"Hwara da na ɗiyan," ya ce.

Na ce da nasa zan fara, shi ne babba. Ya ce a gona shi ne babba, nan kuwa ya ga alama ni ne, amma duk da haka in fara da na ɗiyan. Na yi yadda ya ce.

Yaran magani ya ishe su. Kafin wata ya zagayo fitsarinsu ya washe, ƙaraminsu har da kukansa wai an mayar da shi jariri, uban ya daka masa tsawa ya ce duk wanda ya sake kiran jini balaga a gidansa zai gamu da shi. Shi kuwa da aka yi masa hoton ciki a asibiti, likita ya kira ni gefe. Tsiro ne a mafitsara, kuma ya riga ya yi nisa. Na yi ta kai shi ana abin da za a iya, ban fasa ko sau ɗaya ba, shi ma bai sake cewa a bari a yanke shinkafa ba. Ya ga damina biyu bayan nan.

Da safe ya cika, a ɗakinsa. Na cika alkawari, ni na yi masa wanka, ni da limamin unguwa. Na yi niyyar in kawar da idon aikina in yi wankan kamar kowane ƙane, amma hannu ya riga ya saba. Na ji gwiwar da ta cinye, na ji bayan da ya lanƙwashe, irin waɗanda na sha riƙewa a Masar ban san masu su ba. Wannan na san shi, shi ya koya mini iyo. Na yi kuka har liman ya karɓi butar ya ce in huta, na ce a'a, ni na yi alkawari.

Kafin azahar muka kai shi. Sai da muka zo naɗe likkafani na tsaya na duba gemunsa da kyau. Furfurar da ke ciki ba ta fi a ƙirga da yatsu ba.